Mutumin Mataki na Bakwai

Talata, 3 ga wata, ƙarfe goma na safe

Kwana huɗu ke nan da Yaya ta ce kada in ƙara taka mata ƙofar gida. Ban yi musu ba, na sa takalmina na fito. Kurciya tana bayan labule tana jin mu, ina ganin yatsun ƙafarta ta ƙasa, amma ba ta leƙo ba. 'Yar Yaya ce, shekararta tara. Ni na sa mata Kurciya, don in tana buga gem sai ta riƙa wani ƙuuu-ƙuuu a maƙogwaro, ita kanta ba ta san tana yi ba.

Yaya ta ce yarinya ta daina barci, ta daina magana sai dai kaɗa kai, wai tun da ta ga wani abu a cikin gem ɗin da na saka mata. Ta ce, "Duk abin da nake ciki bai isa ba, sai kai ma ka kawo min naka?" Ta jefo min 'yar na'urar, na cafe kafin ta kai ƙasa.

Ni dai na san aikina. A aji huɗu na bar makaranta, amma shekara shida ke nan ina gyaran tsofaffin na'urorin gem a wannan shago, kuma aikina ba ya dawowa. Kaset ɗin da ya girme ni ma ina zuƙo wasan da ke cikinsa in zuba a kwamfuta. Shi ake ce wa rom. Daga nan in kwafa wa mutum a memori, ya je ya buga a ƙaramar na'ura. Wasu daga intanet suke kwasowa kamar masu kwasar shara. Ni da hannuna nake cirowa, kuma ba na ba kowa wasa sai na buga shi daga farko har ƙarshe. Duk layin nan an san haka.

So nake in ga yarinyar nan ta dawo yadda take. Shi ke nan abin da nake so.

Laraba, 4 ga wata, ƙarfe biyu na rana

Mai askin da ke kusa da ni, wanda muke kira Rediyo, ya leƙo da almakashi a hannu.

"Injiniya, ashe aljani kake zuba wa mutane a memori ba mu sani ba?"

Na ce, "Aljanin da zai shiga memori ai sai ya yi ramar gaske."

"Yi dariya. Duk unguwa maganar ake."

Wasan Mai Fitila yake nufi. Ba sunansa ke nan ba, rubutun jikin kaset ɗin ba mai iya karanta shi, mu muka laƙaba masa. Wata yarinya ce riƙe da fitila tana ratsa daji da kasuwa da gada, tana neman gidansu. Rediyo ya ce a mataki na bakwai akwai mutum tsaye a bakin ƙofa, ba ido, ba hanci, ba baki, fari fat. Wai wanda ya zana wasan mutuwa ya yi kafin ya zana fuskar, shi ne ya shiga ciki yana jiran ta wani. Duk wanda ya kalle shi sau uku, in ya duba madubi ba zai ga tasa ba.

Na ce, "To kai da kake wuni gaban madubi, zo ka gwada mana."

Ya ce yana da iyali.

Alhamis, 5 ga wata, da safe

Na rubuta cewa kowane wasa ina buga shi har ƙarshe. Gaskiya ne. Ban da ɗaya.

Juma'a, 6 ga wata, ƙarfe biyar na yamma

Na fara bugawa. Wasan ba ya ajiye inda ka tsaya, in fitilar ta mutu sau uku sai ka koma farko. A gadar mataki na biyar na faɗi sau tara. Sau tara, ni da nake cin abinci da wannan sana'a.

Ita kuwa Kurciya da 'yan yatsunta kamar ashana ta kai na bakwai cikin mako biyu, ba wanda ya nuna mata. Na zauna ina murmushi ni kaɗai kamar wanda aka yi wa albishir. Jinina ce. Tun tana rarrafe take jan waya a shagon nan.

Asabar, 7 ga wata, ƙarfe ɗaya na rana

Na je asibiti wajen mijin Yaya, a lokacin da na san ta koma gida ɗauko abinci. Ya gane ni ta murya. Ni ma haka, don fuskarsa duk a naɗe take da bandeji.

Ya ce, "Kawun yara, yaya shago?" Na ce lafiya. Ya ce, "Ita fa?" Na ce tana nan lafiya lau, tana gaishe shi. Ya riƙa murza bakin zanen gado da hannunsa mai lafiyar. Ya ce, "Gara da ba a kawo ta ba tukun."

Na gyara masa matashi. Fankar ɗakin tana ƙara a kowane zagaye, ƙusa ɗaya ce ta kwance. Na ce wa mai jinya, ta ce za a duba.

Litinin, 9 ga wata, ƙarfe goma sha ɗaya na safe

Labari ya ƙara ƙiba. Yanzu wai mutumin yana kiran sunan mai bugawa. Wai wani ya kashe na'ura amma ya ci gaba da ganinsa a baƙin sikirin. Na tambayi Rediyo wane ne wannan wanin, ya ce ƙanin matar wani da yake yi wa aski.

Wasu samari biyu sun zo da waya a ɗage, suna ɗaukar hoton shagona tun daga titi. Dogon ya ce, "Oga, mai fatalwar nan za ka zuba mana, ko nawa ne." So suke su watsa a intanet. Na ce babu. Ya ce, "Tsoro kake ji?" Na ce, "Ba na ba da abin da ban gama gwadawa ba." Sai da maganar ta fita na ji nauyinta.

Mutum goma sha ɗaya na kwafa wa wasan nan. Ban rubuta ko'ina ba, amma ina tuna su duka. Zan bi su ɗaya bayan ɗaya in karɓo.

Talata, 10 ga wata, da yamma

Na karɓo bakwai. Wata mata ta miƙo min memorin ɗanta a cikin leda, a kan cokali.

Laraba, 11 ga wata, ƙarfe huɗu na yamma

Na bi ta layin su Yaya. Ba gidan na je ba, hanya ce. Tagar ɗakin Kurciya a rufe, da rana tsaka. Igiyar tsallenta tana nan rataye a ƙusa inda take tun makon jiya.

A wasan kuwa na haye gadar. A mataki na shida na faɗi.

Alhamis, 12 ga wata, ƙarfe uku na rana

Na gan shi.

Ba zan yi wa takarda ƙarya ba, tsigar jikina ta tashi. Yarinyar wasan ta fito daga lungu, ga gida, ga taga mai haske, ga mutum tsaye a ƙofa ya miƙo hannu biyu. Riga shuɗiya, gashi baƙi, tsakaninsu kuma fari kawai, kamar an naɗe. Kiɗan ya riƙa ja yana yankewa. Na ajiye na'urar a kan tebur na fita waje na tsaya a rana.

Ina tsaye sai na tuna wani abu da ban so tunawa ba. Ranar farko a asibiti, da aka turo mijin Yaya a kan gado ta barandar nan, fuska a naɗe fari fat, Yaya ta yi sauri ta rufe wa Kurciya ido da tafin hannu. Ina bayansu. Amma yatsun Yaya a buɗe suke. Tun ranar ba wanda ya yi wa yarinyar maganar. An ce mata Baba yana samun sauƙi, an miƙa mata gem don ta yi shiru. Ni na miƙa mata.

Juma'a, 13 ga wata, ƙarfe goma na safe

Na daina kallonsa kamar mai jin labari, na koma kallonsa kamar mai gyara. Na zaro ainihin kaset ɗin daga kwali, na sa a tsohuwar na'ura mai haɗawa da talabijin, na buga tun daga farko. Minti hamsin. Ga shi nan dai, fari fat. Ke nan ba a memori matsalar take ba, ba a kwamfuta ba, daga tushe na zuƙo ta.

Na aro madubin ido ɗaya wajen Mai Agogo, dattijon da ke ƙarshen layi. Ya biyo ni da kansa, wai ba ya ba da aron madubinsa ga wanda aljanu suka yi wa haya. Ƙasan kaset akwai 'yan haƙora na ƙarfe a jere, ta nan na'ura take karanta wasan. Na bi su ɗaya-ɗaya. Na goma sha tara ya yi kore. Ɗan tabo ne da bai kai ƙwayar shinkafa ba.

Na mayar, na sake bugawa, wani minti hamsin. Mai Agogo har ya yi gyangyaɗi a kan bencina. Da na iso ƙofar gidan sai na sa babban yatsa na ɗan danna kaset ɗin ta gefen hagu, a hankali. Rabin hanci ya ɓullo. Na saki, ya ɓace. Na danna, ga kunne.

"Baba, tashi ka ga fatalwa tana da kunne!"

Ya sa tabarau ya duba ya duba. Ya ce, "Tsatsa? Duk wannan hayaniya tsatsa ce? To goge mana, ɗana, ga auduga nan."

Na ɗauki audugar, na tsoma a sifirit. Sai na ajiye.

"Me kuma?"

Na ce, "Ba ni zan goge ba."

Ya daɗe yana kallona ta saman tabarau. Ya ce in riƙe madubin har in gama.

Asabar, 14 ga wata, da safe

Ba wanda ya koya min wannan. Ni na gano. Na so in gaya wa duk layin, sai na tuna in na faɗa, dole in faɗi wanda ya zuƙo wasa daga kaset mai datti bai duba ba.

Aikina ba ya dawowa. Ga memori goma sha ɗaya cikin gwangwani a gabana.

Litinin, 16 ga wata, ƙarfe shida na yamma

Na tare Yaya a bakin ƙofar asibiti. Ta rame, mayafinta a karkace, kwano a hannu. Ta ce, "Na ce maka me?" Na ce gida ta hana ni, nan titi ne.

Na ce, "Yaya, ba aljani ba ne. Ni ne. Ban wanke kaset ɗin ba, ban kuma gama gwada shi ba na ba ta. A mataki na uku na tsaya."

"Kai? Kai da kake cika mana kunne da ba ka sakin aiki sai ka gama?"

"Ni."

"Me ya hana ka gamawa?"

Ban so in faɗa ba. Ta sake tambaya. Na ce waya aka yi min, na tashi na bar shago a buɗe. Ta ce wa ya kira. Na kalli ƙasa.

Ta gane ranar. Ita ta kira, ko gaisuwa babu, sunan wurin aikin mijinta kawai take maimaitawa. Da na dawo bayan kwana uku kaina ba ya tare da ni, na ga wasan a kwamfuta na ɗauka na gama da shi.

Ta zauna a kan dakalin masu jira, ta ɗora kwanon a cinya. Na gaya mata abin da na gani ranar farko, maganar yatsunta. Ta ce, "Ba ta gani ba." Ta ce, "Na rufe mata." Ta duba tafin hannunta kamar na wani.

Na ce ta kawo min ita shago sau ɗaya, da rana, ƙofa a buɗe. In bai yi ba, ba sai ta sake hana ni gidan ba, ni zan hana kaina. Ta tashi ta shiga, ba ta ce e ba, ba ta ce a'a ba.

Talata, 17 ga wata

Ba su zo ba.

Laraba, 18 ga wata

Ba su zo ba. Na share shago sau biyu. Yanzu minti talatin da biyar nake kai na bakwai, ba faɗuwa ko ɗaya.

Alhamis, 19 ga wata, da rana

Rediyo ya ce wai yanzu a wani gari ma an gan shi, a wasan ƙwallo, yana tsaron gida. Na ce, "To ya samu aiki ke nan."

Ba su zo ba.

Asabar, 21 ga wata, ƙarfe biyar na yamma

Sun zo ƙarfe goma sha ɗaya. Kurciya tana riƙe da gefen zanen Yaya, ƙasan idonta ya yi baƙi. Ta tsaya a bakin ƙofa. Ban ce ta shigo ba. Na tsuguna na ce, "Hajiya Kurciya, aiki ne ya fi ƙarfina, nake neman injiniya. Kina da lokaci?"

Na ɗora kaset ɗin a tafin hannunta, na sa mata madubin Mai Agogo a ido. Na ce ta ƙirga haƙoran. Leɓenta yana motsi. A na goma sha tara ta tsaya.

Na ce, "Kin ga koren nan? Fuskar mutumin tana ciki, an zana ta tun kafin a haife ni. Ta wannan haƙori za ta bi ta fito, datti ya tare mata hanya. Laifina ne, ban wanke ba. Zan nuna miki, amma sai mun je wajensa. In kin ce a kashe, a kashe."

Na buga, tana bayana, Yaya tana bayanta. Da muka shiga lungun nan na ji ta damƙe min riga ta baya, har wuyan ya shaƙe ni. Ga shi. Yaya ta ja numfashi, ita ba ta taɓa ganinsa ba sai yau. Na ce, "Kawo yatsanki. Nan. Danna a hankali."

Sai da na ƙirga ashirin a raina kafin hannunta ya zo. Ta danna. Hanci. Ta fizge hannu. Ta sake dannawa da kanta. Hanci da kunne. Ta saki, ta danna, ta saki, ta danna, ta yi ta yi kamar mai wasa da makunnin lantarki.

Na kashe, na zare kaset, na ba ta auduga da sifirit. Ta zauna a kan kujerata, ƙafafunta ba sa kai ƙasa, ta goge haƙorin nan har sai da ya yi ƙyalli. Ta duba da madubi, ba ta gamsu ba, ta ƙara. Ni ma da haka zan yi.

Na miƙa mata abin bugawa. Na ce, "Ni minti talatin da biyar nake yi." Ta ɗan harare ni. Wallahi ta harare ni, na kusa yin rawa. A gadar da ta ci ni sau tara ko tsayawa ba ta yi ba. A mataki na shida na ji shi, can ƙasa-ƙasa: ƙuuu. Na kalli Yaya, ta juya ta fuskanci bango.

Minti ashirin da takwas. Ga gida, ga ƙofa, ga mutum. Ƙaton hanci, gashin baki kamar tsintsiya, ido biyu ɗigo-ɗigo, yana washe baki. Kiɗan ya miƙe sumul.

Kurciya ta ce, "Kawu, ashe ma mummuna ne."

Muryarta ta dishe. Rediyo da ke leƙe ta taga ya ce ai aljanin ne ya ga taro ya gudu. Ba wanda ya kula shi.

Yarinyar cikin wasan ta ruga, mutumin ya ɗaga ta sama. Kurciya ba ta danna komai ba, ta bar su a haka. Can ta ce, ba tare da ta juyo ba, "In an cire wa Baba bandejinsa fa?"

Yaya ta buɗe baki, na riga ta. Na ce, "Ban sani ba. Wannan ba aikina ba ne, ba zan ce miki zai dawo daidai yadda yake ba. Amma na je, na yi hira da shi. Kullum sai ya tambaye ki."

Ta ce, "Yana magana?"

Ashe ko wannan ba wanda ya gaya mata.

Lahadi, 22 ga wata, ƙarfe huɗu na yamma

Kurciya ce ta ce a kai ta asibiti, kuma ta ce da Kawu. A baranda ta saki hannuna ta kama na Yaya. Na tsaya a waje, ba wurina ba ne. Ƙofar ba ta rufu duka ba.

Can na ji ta ce, "Ka ce wani abu." Na ji ya ce, "Wa ya ba ki izinin yin tsawo ba na nan?" Daga nan na matsa can wajen taga, don abin da ya biyo baya nasu ne.

Ta fi rabin awa. Da ta fito hancinta ya yi ja, ta zo ta tsaya a gabana, ta ɗaga kai kamar mai kawo rahoton aiki.

Ta ce, "Kawu, na duba. Yana ciki."

Litinin, 23 ga wata, ƙarfe tara na safe

Yaya ta kira. Ta ce in yi magana a hankali, kamar a ɗakin nake. Har yanzu Kurciya ba ta tashi ba, tun jiya da magariba, ta yi ɗai-ɗai a gado da takalmi ƙafa ɗaya. Ta ce, "In ka rufe shago ka biyo ta nan." Na ce ina da aiki da yawa, zan duba.

Na riga na rufe.